Kan da Aka Binne a Gindin Mangwaro

Ban runtsa ba a daren Talatar nan, kuma ba zafin ɗaki ne ya hana ni ba, ko da yake an ɗauke wuta a Barnawa tun faɗuwar rana. Wata magana ce ta Mama Damaris ta tsaya mini a rai. Da take ba ni labari a waya, a tsakiyar godiya da sa albarka, ta ce wurin saran bai fi tsinin allura ba, sai dai jinin ne bai gama tsayawa ba, tana ta sauya auduga. Da kunnena na ji wannan da ƙarfe shida na yamma, na bar shi ya wuce. Sai da na kwanta ya dawo.

Baba Shekari yayan mahaifina ne, shi ya riƙe ni tun rasuwar mahaifin nawa har na gama jami'a. Da ya yi ritaya daga aikin gwamnati sai ya koma Kakau da matarsa, Mama Damaris, suna noman masara da kiwon kajin gida. Da la'asar ɗin ranar ya zura hannu cikin akurki zai kwashe ƙwai, maciji ya sare shi a gefen babban yatsa. Mama ta kashe macijin da fartanya, ta ɗauki hotonsa, ta tura cikin zauren iyalinmu na waya, ta rubuta a ƙasa cewa a tambayi Jethro.

Ni ake tambaya domin ilimin dabbobi na karanta, kuma a kan macizan kewayen Kaduna na rubuta kundin kammala karatuna. Shekara uku ke nan da gamawa ban sami aiki ba. Ina kwana a ɗakin baya na gidan wani ɗan cocinmu, da yamma ina koyar da 'ya'yan mutane lissafi. A tsawon wannan lokaci babu wanda ya taɓa buƙatar abin da na karanta sai ranar, kuma dole in faɗi gaskiya cewa da na ga sunana a ƙasan hoton, abin da na fara ji a zuciyata daɗi ne, tsoro bai zo ba sai daga baya.

Mafi yawan macizan wajenmu ba su da wuyar ganewa. Kasa gajera ce mai kauri, ba a rikita ta da kowa. Gamsheƙa baƙa ce, tana fasa kai, tana tsarta dafi a ido. Damatsiri kore ne siriri, a banza mutane suke kashe shi. Amma akwai guda biyu da aka yi wa sutura iri ɗaya: launin ƙasa, da jerin tabo masu haske a gadon baya. Ɗaya kububuwa ce, wadda dafinta ke hana jinin mutum daskarewa, ya yi ta tsiyaya ta ciki da waje alhali mutum yana zaune yana hira. Ɗayan kuwa wani maciji ne da ba ya cin komai sai ƙwai, ba shi da dafi ko kaɗan, kamanninsa da kububuwa ne kawai makaminsa. Har naɗe jiki yake yi irin nata, yana goga fatarsa tana ƙara kamar an zuba ruwa a kasko mai zafi. A kai ake raba su da tabbaci.

Macijin da ke cikin hoton ba shi da kai. A gidanmu, kamar gidaje da yawa na mutanenmu, in an kashe maciji sai a datse kan nan take a binne shi daban, da zurfi, a zuba toka. An ce fuskar wanda ya kashe shi tana zama a cikin idonsa, in abokin zamansa ya zo ya duba zai gane mutumin, ya bi shi har shimfiɗarsa. Mama shugaba ce a zumuntar mata, ba ta fashin coci, amma ba ta taɓa barin kan maciji a waje ba.

Da na ga babu kai, abin da ya kamata in ce shi ne ban sani ba, a tafi asibiti. Maimakon haka sai na yi lissafi irin na ɗan makaranta: a akurki aka same shi, Mama ta ce ƙwai yana ɓata musu kwanakin nan, saboda haka mai cin ƙwai ne. Na naɗi murya ta minti biyu na tura, har da sunan macijin na Latin. Na ce a wanke wurin da sabulu, Baba ya huta, babu abin damuwa. Lizzy, 'yar Baba da ke aiki a Abuja, ta amsa cewa ga amfanin farfesan gida, ta kuma tura muryar tawa zuwa zauren matan coci domin su ma su ƙaru.

Abin da ya dawo mini a kan katifa shi ne wata rana a ɗakin gwaji na jami'a, da na miƙa wa irin wannan mai cin ƙwai yatsana don in burge 'yan ajinmu. Ya kai mini sara sau uku, ko ƙwarzane bai bari ba. Kusan babu haƙori a bakinsa. To me ya huda fatar hannun Baba, hannun da ya shekara goma yana riƙe da fartanya, har jini ya ƙi tsayawa? Na tuna kuma cewa mai cin ƙwai yana amayar da ɓawon bayan ya shanye, ni kuwa ban tambayi Mama ko ta ga ɓawo ba. Ɓeraye ma suna satar ƙwai, kuma ɓera shi ne abincin kububuwa.

Na riƙe wayar a hannuna kusan awa guda ban kira ba. Ina tsara yadda zan faɗi maganar ba tare da ta zama na janye abin da na ce ba. Lokacin da na kira, wayar Mama a kashe take, ta Baba ma haka. Wannan awar har yau ina ɗauke da ita.

Gari na wayewa Mama ta kira ni da kanta. Muryarta ta sauya. Ta ce Baba ya yi asuwaki ya tofar da jini, kuma wani ɗan yanka da ya yi wajen aski ranar Lahadi ya sake buɗewa. Ta ce tun da dai macijin ba shi da dafi, kamar yadda na tabbatar musu, to wannan ba ciwon asibiti ba ne, wani ne ya turo shi. Matan zumunta za su zo su yi addu'a, daga nan a kai shi wurin wani mai addu'a da ke bayan gari ya kwana uku. Na ce kada su motsa ko'ina sai na zo. Ban gaya mata abin da nake tsoro ba.

Na buga ƙofar Kenneth, makanikin Kakuri da ke haya a gidan da ke kallon namu. Ya fito da buroshi a baki, ya ce yau Dokta Maciji ya tashi da wuri, ko an kira shi aiki ne a ƙarshe. Da ya dubi fuskata sai ya koma ciki ya ɗauko makullin tsohuwar motarsa. A hanya, muna wuce Kakuri, ya yi ƙoƙarin ba ni dariya. Ya ce a garinsu ba a taɓa mesa, ko ɗaki ta shiga da sanda ake raka ta waje a hankali, kamar surukar da ta daɗe ba ta tafi ba. Ya ce mu kuwa mutanen nan sai mu sare kai mu binne, sa'an nan mu tura wa likita hoton wutsiya. Ban yi dariya ba har muka wuce Gonin Gora. An yi yayyafi da asuba, gonakin gefen titi duk an yi musu sharar farko, ƙasa ta yi baƙi.

Mun tarar da mata bakwai a tsakar gida cikin zanen zumunta, suna waƙa ƙasa-ƙasa. Baba yana kan kujerarsa ta katako a baranda. Hannun ya kumbura har gwiwa, yana sheƙi, hankicin da ke ɗaya hannun ya riga ya yi ja. Duk da haka da ya gan ni sai ya gyara zama, ya gaya wa matan cewa ga yaron da suka ji muryarsa jiya, shi ne wanda ya san kowane maciji da sunansa na Turawa. Kafin in gama gaisuwa na ji sunan Matthew daga bakin mata biyu. Matthew maƙwabcinsu ne, bara sun yi sa-in-sa da Baba a kan iyakar gona. An ce an gan shi ranar Litinin yana tsaye kusa da akurkin.

Ko a nan ma sai da na nemi hanyar zagaye. Na ce wa Baba ya kyautu mu leƙa asibiti a duba shi kawai, don a sami kwanciyar hankali. Ya dube ni da murmushi, haƙoransa da jan jini a jiki.

"Asibiti na me, ɗana? Kai ka ce babu dafi. Ko karatun naka ne ba ka yarda da shi ba?"

Ya ce shi ya yarda da karatun nawa, domin ya san abin da aka sha kafin a same shi. Ya ce abin da ya rage yanzu na Ubangiji ne. Na gane cewa maganata ta jiya ce take tsare da shi a kan kujerar nan, kuma wata sabuwar magana mai laushi ba za ta ɗaga shi ba. Dole ya gani da idonsa, ni ma dole in gani, domin har lokacin akwai wani sashe na zuciyata da ke fatan ban yi kuskure ba.

Na sami Mama a madafa tana hura wutar da ba ta buƙatar hurawa. Na durƙusa kusa da ita na ce ina son ta nuna mini inda ta binne kan. Ba ta juyo ba.

"Ni na kashe shi, Jethro. Fuskata ce a idon nan."

"Na sani, Mama. Amma in kan nan ya nuna abin da nake tsoro, Baba ba shi da kwana ukun da za a ba mai addu'a."

Ta tambaye ni ko ba ni ne na ce babu dafi ba. Na ce ni ne, kuma ban ga kai ba na faɗa. Ba ta yi mini faɗa ba, da ma ta yi. Ta miƙe ta ɗauko fartanyar daga bayan ƙofa, har da busasshen jinin jiya a bakinta, ta sa mini a hannu.

"Gindin mangwaro, inda ka ga toka. Kada ka juyo da idon wajen gida."

Waƙar matan ta tsaya lokacin da suka ga inda na nufa. Kenneth ya biyo ni ya tsaya nesa kaɗan, hannuwansa a aljihu. Ramin ya kai zurfin kamu biyu, ƙasar tana da laushi saboda yayyafi. Na ajiye fartanya na ci gaba da tono da tsinke, domin kan maciji ko a datse yana iya huda hannu. Da ya fito, bai fi girman babban yatsana ba, toka ta lulluɓe shi. Na zuba masa ruwa daga butar da ke wurin.

Ban buƙaci dogon dubawa ba. Kan faffaɗa ne, guntun wuyan da ya rage siriri, saman kan kuma cike da ƙananan ɓawo masu kaushi kamar yashi, babu manyan faifai masu santsi irin na mai cin ƙwai. Duk da haka na danne shi da tsinke ɗaya, na buɗe bakin da ɗayan. Fiƙa biyu suka miƙo daga inda suke kwance, farare, masu lanƙwasa. Kenneth ya ambaci sunan Yesu a hankali, ya tafi ya tayar da mota ba tare da na ce masa komai ba.

Na tura kan cikin wata kwalbar zuma da ba komai a ciki. Na tsinko ganyen mangwaro na cusa ta gefen da idon yake, don Mama. Sa'an nan na koma baranda na durƙusa a gaban Baba, a gaban matan bakwai da suka ji muryata jiya.

"Baba, kububuwa ce. Na yi kuskure. Dafinta ne yake sa jinin nan, ba wanda ya turo komai. Matthew ba shi da hannu."

Ya karɓi kwalbar da hannunsa mai lafiya, ya kawo ta kusa da fuska, ya daɗe yana duban fiƙoƙin. Ya dube ni, ya dubi matan, ya sake duban kwalbar. Abin da na gani ya fita daga fuskarsa a lokacin ba zan iya ba shi suna ba, na dai san shekara uku yana riƙe da shi a madadina. Ya ce to. Ya ce wa Mama ta kawo masa hularsa da takalmi.

Ɗakin shan magani na kusa ba su da allurar dafi, suka ce mu wuce babban asibiti cikin gari. A mota Mama tana baya tare da shi, tana danne wurin askin da auduga. Sau ɗaya Baba ya tambayi Kenneth ko an gyara titin Kakuri, Kenneth ya ce ana dai cewa za a gyara.

A asibiti wata ma'aikaciyar jinya mai furfura ta dubi kwalbar sau ɗaya ta ce ta san macijin. Ta ɗebi jinin Baba ta zuba a wata ƙaramar kwalbar gilashi mai tsabta, ta ajiye a kan tebur, ta dubi agogo, ta ce kada kowa ya taɓa sai bayan minti ashirin. Na san wannan gwaji, yana shafi na arba'in da wani abu a kundina. Na tsaya ina kallon kwalbar kamar kallo zai taimaka mata. Da lokaci ya cika ta karkata ta, jinin ya gangaro kamar zoɓo.

Tana rubutu ta tambayi ƙarfe nawa aka yi saran. Da Mama ta faɗa, sai ta ɗaga kai ta ce awa goma sha bakwai ke nan, me suke jira a gida. Mama ta fara cewa su mutanen ƙauye ne, ba su sani ba. Na ce ni na hana su zuwa, na ce musu ba shi da dafi. Ta tambayi ko ni wane ne. Na ce ɗansa ne, ilimin dabbobi na karanta. Ta dube ni ta saman tabarau, ta ci gaba da rubutunta.

Kwalba biyu kawai ta allurar suke da ita, sauran sai da Kenneth ya haye gadar kogin Kaduna ya nemo. Wajen sha ɗaya aka ɗaura wa Baba ƙarin ruwa da maganin a ciki. Likitan, matashi ne da bai girme ni sosai ba, ya ce sai bayan awa shida za a sake gwada jinin. Na yi awa shidan a kan benci a baranda. Lizzy ta kira sau huɗu, ta ce tana hanya, a kira na ƙarshe ba ta ce mini farfesa ba, ba ta ma kira sunana ba.

Da ƙarfe biyar aka sake ɗibar jini. Wannan karon da aka karkata kwalbar, wani ɗan guda ya maƙale a gindi, sauran ya gangaro. Likitan ya ce alama ce mai kyau amma ba ta isa ba, za a ƙara wata allurar. Ya ja ni gefe ya ce abin da yake tsoro shi ne inda jinin ya riga ya tsiyaya a daren jiya, inda ido ba ya gani. Ya ce a kula da fitsarinsa, kuma in ya yi kukan ciwon kai a kira shi nan da nan. Ba zai iya yi mini alkawarin komai ba kafin kwana uku.

Na leƙa ɗakin. Baba yana kwance idonsa a rufe, hannun a kan matashi. Mama ta ce ɗazu ya ce kansa yana ɗan sarawa, amma wai don bai ci abinci ba ne. Na je na gaya wa ma'aikaciyar jinya, ta tafi kiran likita. Da na dawo Baba ya buɗe ido, ya tambaye ni ko na ci wani abu tun safe. Na ce na ci. Ya rufe idon.

Na koma kan bencin na buɗe zauren iyali. Muryata ta jiya tana nan, minti biyu da daƙiƙa shida, da alamun yabo a jere a ƙarƙashinta. Yatsana ya tsaya a kan wurin gogewa. Na tuna cewa ta riga ta shiga zauren matan coci, kuma kusan kowace a cikinsu tana da akurki a bayan gida, damina kuma yanzu ta fara. In na goge tawa, tasu tana nan.

Na bar ta inda take. Na fito da kwalbar zuma daga jakata, na juya ta yadda fiƙoƙin za su fito sosai ganyen kuma ya ci gaba da rufe idon, na ɗauki hoto. Na naɗi sabuwar murya, da Hausa zalla, babu Latin. Na faɗi sunana, na ce abin da na faɗa jiya kuskure ne, macijin da ya sari Baba kububuwa ce. Na ce duk wanda maciji mai wannan zane ya sara, ko a akurki ne ko a gona, ya tafi asibiti a lokacin, kada ya jira kowa ya duba hoto, ko da ni ne. Na ce Matthew ba shi da laifi, a gaya masa ni na faɗa. Na roƙi Lizzy ta tura wannan duk inda ta tura ta farko.

Na tura, na kashe ƙarar wayar, na sa ta a aljihu. Na shiga ɗakin na karɓi audugar daga hannun Mama, na ce ta je ta zauna, na danne wurin askin.